Wasan da Ya Ƙi Buɗewa Ranar Lahadi

Cochabamba, 9 ga Yuni

Zuwa ga yayata Nelida,

Gaisuwa mai tarin yawa, da fatan kina lafiya. Yaya aiki, yaya zafin Zaragoza da kika ce ya fara? Yaya jikin tsohuwar da kike jinya? Mu nan kowa ƙalau. Mama tana gaishe ki. Gwiwarta ta yi sauƙi, har ta koma fita da tukunyar api, kunun masarar da take sayarwa, da sassafe, mun yi magana mun gaji. Ɗanki Limbert ma lafiya, sai tsawo yake ta yi, wandon makarantar da kika aiko masa ya riga ya ɗage.

A takarda na rubuto, zan ɗauki hotonta in turo miki. A waya ba ma taɓa kai ƙarshen magana. Ko tsohuwarki ta buga ƙararrawa, ko wani ya tsaya mini a ka a shago da na'urarsa a hannu.

Kin tambaye ni abin da ya hana wasanku buɗewa jiya. Na san wannan gonar ta cikin kwamfuta ba ƙaramin abu ba ce a wurinki. A waya “eh” da “a'a” kawai kike samu daga bakin yaron nan. Sai ranar Lahadi, in kin shiga daga can ya shiga daga nan, kuna shuka kuna ban ruwa, sannan bakinsa yake buɗewa. Ina jin ku daga tsakar gida. Shi ya sa da ya ce mini wasan ya ƙi tashi, na ajiye wanki na zo na duba.

Ga abin da na gani. In an danna shi, allo ya yi baƙi kamar zai fara, sai ya dawo inda yake, ko kalma ɗaya ba ya faɗa. Na kashe kwamfutar na kunna, bai sauya ba. Na gwada sauran wasanninsa, na ƙwallo da na harbe-harbe, duk suka tashi garau. Ke nan injin lafiyarsa lau, ciwon a jikin wasan yake. Na sa ya binciki fayilolinsa, sai ga ɗaya ya ɓata, ɗan ƙarami, amma in babu shi ba a tashi. Yawanci manhajar riga-kafi ce ke yin wannan ɓarna, ta ga fayil bai yi mata ba ta haɗiye shi. Na sauko da wani, na hana ta taɓa wurin. Kafin intanet ɗin unguwarmu ya gama jan ƙafa lokacinki ya wuce, na san kin koma ɗora wa tsohuwa abincin dare.

Yanzu yana buɗewa. Na shiga da kaina na ga gonarku. Tumatir ya nuna, wata saniya tana yawo a cikin masara. Ban taɓa komai ba.

Yau na ba Don Grover labari, mai sayar da caja ɗin nan da ke maƙwabtaka da shagona a kasuwar La Cancha. Cewa ya yi, “Haba, Zulma! Kina gyara wa duk kasuwa, ta gidanku tana kwance? Kawo ta in sa mata cajata, ko ta ji sauƙi.” Na ce ya fara sayar da cajar da ke kai wata ɗaya da rai tukuna.

Limbert kuwa jiya bai tsaya ba. Yana ganin abin zai ja lokaci ya ɗauki ƙwallonsa ya fita.

Ki riƙa cin abinci, ki riƙa fita shan iska in kin samu dama.

Ƙanwarki,
Zulma

Cochabamba, 16 ga Yuni

Yaya Nelida,

Bayan gaisuwa da fatan kin tashi lafiya. Ina fata ciwon bayan da kika ambata ya lafa. Ki daina ɗaga tsohuwar nan ke kaɗai, ki nemi a sayo mata abin ɗagawa. Nan sanyi ya sauka sosai, ruwan da ke cikin duro har ƙanƙara yake yi a sama da safe. Mama da Limbert suna lafiya.

Na ji saƙon muryarki. Kin ce kin zauna da kwamfutarki a cinya har rana ta faɗi. Ki yi haƙuri. Ni ma ban ji daɗi ba, domin da bakina na ce miki na gyara.

Wannan karon ciwon daban ne. Wasan ya fara tashi, har da kiɗansa, sai ya ce ba zai iya haɗuwa da kamfaninsu ba, ya rufe kansa. Na ɗauka intanet ne, na cire waya na mayar, na kashe akwatin na kunna, na kira masu layin suka ce daga wurinsu babu komai. Na ɓata rabin wuni a kan haka kafin idona ya kai kusurwar allo. Agogon kwamfutar ya koma baya shekaru da yawa, tun kafin a haifi Limbert. Irin waɗannan wasanni in kwanan wata bai yi daidai da na kamfanin ba, ba sa yarda da kai. Na gyara kwanan, ya buɗe nan take.

Abin da ke mayar da agogo baya sananne ne. Akwai wani ɗan batir mai kama da kwabo a cikin injin, in ya mutu sai kwamfuta ta manta ranar da take. Na sa sabo. Yau da na zo shago na auna tsohon don kawai in tabbatar, sai na ga da ƙarfinsa cif. Na sake aunawa da na'urar Don Grover, haka. Na jefa shi a aljihun tebur. Ban san abin da zan ce a kai ba tukuna.

Maganar sayen sabuwa da kika yi, ki bar ta. Da hannuna na haɗa wannan, na san kowane abu da ke cikinta, kuma wasan shuka tumatir bai fi ƙarfinta ba.

Na yi tunanin ko abokansa ne. Na ji suna kiransa “manomi” a bakin ƙofa, ɗaya har yana kukan saniya. Na tambaye shi ko abin yana damunsa. Ya ce, “Anti, wanda ya faɗi lissafi sau biyu ne zai hana ni abin da nake so?” Na yarda da shi, don yana faɗa yana dariya.

Na ɗauko kwamfutar yau a cinyata cikin trufi, motar hayar nan, direban yana ta mita wai sai na biya mata kujera. Za ta zauna a shago wannan makon, a gaban idona. In akwai abin da ke ɓoye zai fito.

Mama ta ce in tambaye ki ko kina samun chuño, busasshen dankalin nan, a can, ko a ba Doña Rosmery da ke zaune a garinku ta taho miki da shi in za ta koma.

Taki,
Zulma

Cochabamba, 23 ga Yuni

Yayata,

Ina gaishe ki, ina yi miki fatan alheri. Yaya ƙoƙari, yaya mutanen gidan? Mu lafiya. Yau jajiberin bikin San Juan, kasuwa ta cika da masu sayen tsiran alade, kowa yana cewa bai taɓa jin sanyi irin na bana ba, kamar yadda suka faɗa bara.

Saƙon da na turo miki jiya cewa cikin Limbert ke ciwo, abin da ya faɗa mini ne na isar. Ga sauran.

Kwamfutar ta yi mako a shago ba ta yi ko tari ba. Na buɗe wasan safe da yamma. Na bar shi yana aiki wuni guda don ta yi zafi, na hure ƙurar fanka, na sabunta manhajar katin hoto. Har gona na buɗe wa Don Grover tasa daban, kajinsa suka mutu da yunwa, ya ce wasan ba ya girmama manya. Ranar Asabar na mayar da ita gida. Kafin in ɗauke ta na ɗiga jan farce a kan kusoshin murfin, yadda nake yi wa masu kawo gyara da ke rantsuwa ba su taɓa buɗe kayansu ba.

Jiya da safe, ana saura kaɗan lokacinku, Limbert ya leƙo kicin ya ce ta sake lalacewa. Yanzu ko hoto ba ta nunawa, sai ƙara take yi, ƙit, ƙit, ƙit. Na juya bayanta. Jan farcen ya tsage a kan kowace kusa. Na buɗe, na tarar an ɗaga sandar memori ta gefe ɗaya, kaɗan, yadda ido ba zai kama ba. Na danna ta ta koma mazauninta, kwamfuta ta tashi, wasa ya buɗe. Yana tsaye a bayana duk wannan lokacin.

Na ce, “Ga shi nan. Mamarka tana jira.”

Ya ce cikinsa ke murɗawa. Ya je ya kwanta ya juya wa ɗakin baya, da takalmansa a ƙafa.

Yaya, na daɗe a wannan sana'a. Injin da ke da ciwo, ciwonsa ɗaya ne, shi zai yi ta maimaitawa. Wannan kuwa kowane mako da sabon salo, kuma ba ya tashi sai ranar Lahadi. Fayil ɗin goge shi aka yi. Agogon mayar da shi aka yi. Hannu ne, kuma hannun da ya san abin da yake yi, domin bai karya komai ba, bai taɓa gonarku ba. Duk abin da ya cire, abin da za a iya mayarwa ne. A shagona ya koya, yana zaune yana kallo kamar ba ya kallo.

Ban tambaye shi ba tukuna. Da rana ya ci abincinsa tas, har da ƙari.

Roƙona shi ne kar ki kira shi a kan wannan. Kin san shi, in aka matsa masa sai ya rufe baki mako guda. Amma ki faɗa mini, kun yi faɗa ne? Ko kin sake tayar masa da maganar ɗauke shi zuwa can? Ko akwai wani da kika haɗu da shi kika faɗa masa? In akwai, ba laifi ba ne, mahaifinsa ya daɗe da yin nasa gidan. Ina so kawai in san ta inda zan ɓullo masa.

Ki huta lafiya.

Ƙanwarki,
Zulma

Cochabamba, 29 ga Yuni

Yaya Nelida,

Gaisuwa da fatan wannan takarda ta same ki cikin ƙoshin lafiya. Mama tana gaishe ki, ta ba Doña Rosmery chuño da gyaɗa da ɗan barkono. Ki karanta wannan a lokacin da kike ke kaɗai.

Na ji amsarki, kin ce babu faɗa, babu kowa, babu komai. Na yarda. Jiya Asabar na ce wa Limbert ya raka ni shago ya taya ni ɗaukar kaya. Da rana na kai shi rumfar Doña Delicia muka sayi silpancho, shinkafa da nama da ƙwai. Na bari sai da ya fasa ƙwan da ke kan naman, sannan na ce, “Gobe me za ka cire? Faɗa mini tun yanzu in tanadi kayan gyara.”

Bai yi musu ba. Ya ci gaba da yanka naman ƙanana-ƙanana har ya zama kamar na jariri. Can ya ce, “Anti, Mamata ta ce miki mutanen gidan nan kamar 'yar uwa suka ɗauke ta, ko?”

Na ce haka kika ce.

Zan rubuta miki yadda ya faɗa, ba zan rage ba.

Lahadin farkon watan nan kuna cikin wasa, ya ji an buɗe ƙofa ta wajenki ba tare da ƙwanƙwasawa ba. Kika cire abin kunne kika ajiye a kan gado. Kin ɗauka kin kashe makirufo, ba ki kashe ba. Muryar namiji ce, ɗan tsohuwar. Ya ce, “Wasa kike yi? Uwata tana can ita kaɗai, ke kina nan kina wasa kamar ƙaramar yarinya?” Kika ce barci take yi, kuma yau ranar hutunki ce. Ya ce, “Hutu? In hutu kike so ki koma kan dutsen da kika fito.” Daga nan ya ce ɗan kunnen uwarsa ya ɓata, ki zazzage jakarki a kan gado. Limbert ya ce ya ji faɗuwar makullai, da tsabar kuɗi, da wani abu da ya gangara ƙasa. Ba a samu ɗan kunnen ba. Mutumin bai ba ki haƙuri ba, cewa ya yi kar ki manta takardun zamanki da sa hannunsa suke tafiya. Ke kuma kika ce, “To, ranka ya daɗe. Ka yi haƙuri, ranka ya daɗe.”

Aka rufe ƙofa. Ya ji kin fyace hanci. Sai kika mayar da abin kunne kika ce masa, da fara'a, “Yawwa ɗana, intanet ne ya yanke. Ina muka tsaya? Zo mu ba tumatir ruwa.”

Ya ce ya ba tumatir ruwa.

Ya ce, “Ni ban san wannan muryar ba, Anti. Mamata fa, wadda tsawarta ɗaya ke watsa karnukan layinmu. In na shiga wasan yanzu ba abin da zan ji sai ƙofar nan, ko za a buɗe. In na ce mata na ji, kunya za ta kashe ta. Kuma ai saboda wasan ya yi mata. In babu wasan, me zai ce?”

Na ce irin wannan mutumin ba ya rasa abin cewa. Ya ce ya sani. Doña Delicia ta zo wucewa ta ce, “Saurayi, naman ne ya yi maka laifi?” Ya yi mata murmushi, ya fara ci.

Ya roƙe ni kar in faɗa miki. Na ce masa zan faɗa, domin ba na mayar wa mutum kayansa ban gaya masa abin da na tarar a ciki ba. Ya yi fushi, ya ƙi zama kusa da ni a trufi. Da muka iso gida ya kawo mini sukudireban da ya ɗauka a shago, ya ajiye a kan tebur. Yau da safe bai taɓa komai ba. Ni ce na ce masa ya bar wasan na yau, sai kin karanta wannan, shi ya sa na turo miki cewa ba za mu shiga ba.

Ban faɗa wa Mama ba, kuma ba zan faɗa ba. Ba na ce ki bar aikin ba. Na san saura watanni takardunki su fito, na san in kin tashi yanzu komai ya koma farko. Ke kike can, ke kika san abin da za ki iya ɗauka. Abin da na sani kawai, yaron ya ji, kuma ya yi kusan wata yana ɗauke da abin shi kaɗai, da sukudireba a ƙarƙashin katifa.

Da kin faɗa mini tun tuni, Yaya. Ba abin da zan iya yi, amma da na sani.

Kwamfutar lafiyarta lau. Lahadi mai zuwa zai zauna.

Taki har kullum,
Zulma

Cochabamba, 21 ga Yuli

Yayata Nelida,

Ina gaisuwa. Ina fata kina lafiya, domin gajerun saƙonninki ba sa nuna mini komai. “Lafiya lau” da hoton fure ba amsa ba ce. Doña Rosmery ta ce ta ba ki kayan a bakin ƙofa, ta ce kin rame. Mu nan muna nan. Motar ruwa ta yi kwanaki ba ta shigo layinmu ba, sai jiya, Mama ta tare direban ta wanke shi tas.

Kin ce yanzu taki kwamfutar ce ta ƙi buɗe wasan. To. Ki kashe ta gaba ɗaya, ba rufe murfi kawai ba, ki kunna. Ki duba kwanan wata a kusurwar allo. In daidai yake, ki shiga inda wasan yake ki sa ya binciki fayilolinsa, zai gyara kansa. In duk wannan bai yi ba, ki ɗauki hoton abin da allon ya nuna ki turo mini. Sau uku ina neman hoton nan ba ki turo ba.

Ni da ke mun san dalili. Ba zan ja maganar ba.

Ga abin da ke faruwa a nan, don ki sani. Tun farkon watan nan, duk Lahadi Limbert yana wanka da wuri, ya zauna, ya buɗe wasan, ya sa abin kunne. Yana ba nasa ɓangaren ruwa, ya ba naki. Ya girbe miki masara ya zuba a rumbu bai sayar ba, ya ce ke kike sanin lokacin da take tsada. In lokaci ya ƙare ya kashe, ya fita. Abokansa sun zo kiransa kallon ƙwallo jiya, ya ce su je zai same su. Mama ta tambaye ni me ya samu Nelida, na ce injinki ne ke ba ki wahala. Ta ce, “Duk gidan nan injuna sun fi mutane ciwo.”

Jiya da ya kashe, ya tsaya a ƙofar kicin ya ce, “Anti, na ce miki kar ki faɗa mata.” Mai yiwuwa gaskiyarsa ne. Na auna abin ta kowane gefe, har yanzu ina ganin gara da kika sani.

Abu ɗaya zan ƙara. Bai raina ki ba. Na zauna da shi, na ga fuskarsa lokacin da yake ba ni labarin, babu raini a ciki ko kaɗan. In kunyarsa kike ji, ki sani shi ma taki yake ji, kuma shi shekararsa goma sha biyar.

Ki gaishe da Doña Rosmery in kun haɗu a coci.

Ƙanwarki,
Zulma

Cochabamba, 18 ga Agusta

Zuwa ga yayata Nelida,

Gaisuwa mai yawa, da fatan kin kwana lafiya. Yaya gidan ya kwana bayan abin jiya? Shi na fi son ji. Mun je Quillacollo bikin Urkupiña, Mama ta kunna miki kyandir, ta yi tafiyar da ƙafarta, yau tana kwance tana cewa ba gwiwar ba ce.

Na gode da kika dawo wasan farkon watan nan. Ban saurari abin da kuka faɗa wa juna ranar ba, na ja Mama muka tafi kasuwa. Daga baya ya ce mini ya roƙe ki abu ɗaya, ki daina sa abin kunne, ki bar muryarsa tana fita a ɗakin. Ya ce kin ƙi, kin ƙi, sannan kika yarda. Ni na ɗauka don kunnenki ya huta ne.

Kin san abin da ya faru jiya ta wajenki. Ga yadda ya kasance ta nan.

Ina guga a ɗakin, shi yana zaune, shi ma ya bar sautin a buɗe. Kuna gardama a kan inda za a gina rumbu na biyu. Sai muka ji ƙofa, ba ƙwanƙwasawa. Muryar ta fi yadda na zata sirantaka. Ya ce, “Har yanzu wannan shirmen kike—”

Limbert ya matso da bakinsa kusa da makirufo ya ce, “Barka da yamma, ranka ya daɗe. Sunana Limbert, ni ne ɗanta. Daga Bolivia nake magana. Yau Lahadi, ranar hutunta, muna ɗan hira ne.”

Na ɗaga dutsen guga na riƙe a sama, na manta in ajiye.

Mutumin ya ce, “Wane ne wannan?”

Kika ce, “Ɗana ne. Yana jin mu.” Da muryarki ta gida kika faɗa, Yaya. Har Mama ta ɗago kai daga tsakar gida.

Ya yi gyaran murya. Ya ce, “Barka.” Ya tambaye ki inda maganin hawan jinin uwarsa yake, kika ce yana kan firij inda yake kullum. Ya ɗan tsaya kamar zai ƙara wani abu, sai muka ji ƙofa ta rufu.

Ba na ɗauka mutumin ya sauya hali. Mai yiwuwa ya rama a ranar da babu mai ji, mai yiwuwa ya yi miki wasa da sa hannun. Shi ya sa nake so ki rubuto mini gaskiya, doguwa, ba hoton fure ba. Doña Rosmery ta ce akwai ƙungiyar mata masu aikin gida a unguwarsu, suna da lauya da ke zama ranar Alhamis. Ki je ko sau ɗaya ne, ki ji abin da za su ce game da takardun.

Abin da ba ki gani ba shi ne hannunsa. Ya kasa riƙe linzamin kwamfutar. Da kika ga mutum-mutuminsa yana ta karo da shinge, ba intanet ba ne. Ya daure har lokacinku ya ƙare, kuka yi sallama, ya kashe. Ya fita tsakar gida ya tsoma kansa cikin duro, ruwan da muka saya jiya-jiya, Mama tana ta faɗa. Ya dawo yana ɗiga, ya tsaya kusa da teburin guga.

Ya ce, “Anti, muryata ta yi rawa?”

Na ce ko kaɗan.

Ta yi rawa, Yaya, ke ma kin ji. In ya tambaye ki, mu tsaya a kan magana ɗaya.

Mama tana gaishe ki, Limbert yana gaishe ki. Allah ya tsare mana ke.

Ƙanwarki,
Zulma